Kurmina-fari: Tambayoyi da Amsoshi Kan Gwamnan Yamma a Daular Songhai

Duk sanda aka zo karatun daular Songhai, ko ɗalibai ne masu shirin jarabawar tarihi ko masu karatu dan sha'awa kawai, tambayoyi iri ɗaya ne suke ta dawowa kan manyan hakiman Askia, wato sarkin Songhai. Waye Kurmina-fari, me ya raba shi da Balama, me yasa rigimar gadon sarauta kusan kullum sai an ji sunan yamma a ciki. Shi ne aka tattaro su wuri ɗaya. An fara da masu sauƙi, na ƙasa sun fi shiga daki-daki.

Wai waye Kurmina-fari ɗin nan?

Sarauta ce, ba sunan mutum ba. Kurmina-fari shi ne gwamnan duk yankin yammacin daular Songhai a zamanin Askiyoyi, wato daga ƙarshen ƙarni na 15 zuwa 1591. A wasu littattafan za ka ga an rubuta Kanfari, duk abu ɗaya ne kar ka rikice. In ka cire Askia da ke zaune a Gao to babu wanda ya kai shi girma a duk faɗin daular, yana da garinsa, da fadarsa, da rundunarsa ta kansa, da manyan masu sarauta a ƙarƙashinsa.

Ina ne Kurmina, kuma a wane gari yake zama?

Kurmina yanki ne na tafkuna da fadamu a bakin kogin Neja, kudu maso yamma da Tumbutu, a cikin ƙasar Mali ta yanzu, wajajen Dire da Gundam. Mazauninsa garin Tindirma ne a bakin kogin, kuma har yau garin yana nan a jihar Tumbutu, sai dai ya koma ƙaramin gari. Abun da ya kamata ka riƙe shi ne nisa. Daga Gao zuwa Tumbutu kaɗai wajen kilomita 400 ne ta kogi, Tindirma kuma tana gaba da Tumbutu, a zamanin da doki da jirgin kwale-kwale su ne mafi saurin abun hawa. Wannan nisan shi ya ba shi ƙarfi kuma shi ya riƙa cutarsa, za a ga yanda hakan ya kasance a amsar da ke maganar gadon sarauta.

Wa ya ƙirƙiro sarautar, kuma yaushe?

Askia Muhammad ne. Ya karɓi mulki a 1493 bayan ya ci Sunni Baru ɗan Sunni Ali da yaƙi a Anfao kusa da Gao, bai daɗe da hawa ba ya naɗa ɗan'uwansa Umar Komadiago a wannan kujera, aka raya Tindirma ta zama mazauninsa. Da Askia ya tashi tafiya aikin hajji a 1496, Umar ɗin ya bar wa riƙon ƙasar gaba ɗaya har ya dawo a 1498. Ku duba fa, mutum ne da ya ƙwaci mulki shekara uku da suka wuce, ya bar ƙasa kusan shekara biyu, ya dawo ya tarar da kujerarsa tana jiransa. Wannan amanar ta Umar ita ce ta sa sarautar ta fara da ƙafar dama, ya riƙe ta har ya rasu wajen 1519.

Kuma shi kansa Askia Muhammad ya san abun da gwamna mai runduna zai iya aikatawa, dan kuwa kafin ya zama sarki babban kwamanda ne a ƙarƙashin Sunni Ali, yana riƙe da yankin duwatsu na wajen Hombori da sarautar Tondi-farma. Daga irin wannan kujerar ya taso ya kifar da gidan Sunni. Shi yasa a ganina ba mamaki da ya ƙi yarda ya damƙa yamma a hannun kowa sai ɗan'uwansa na jini.

Kafin Songhai babu irin wannan tsari ne a yankin?

Akwai. Daular Mali tana da wakilan sarki da ake kira farba a manyan garuruwa. Ibn Battuta da ya iso Walata a 1352 ya tarar da wani Farba Husaini, yana zaune a kan shimfiɗa da dogarai a gabansa, 'yan kasuwa na tsaye, yana musu magana ta bakin tafinta duk da suna dab da shi. Abun ya ɓata wa Ibn Battuta rai sosai, ya ɗauka raini ne, alhali al'adar fada ce kawai, mu nan ƙasar Hausa mun san sarki ba ya ɗaga murya sai a maimaita maganarsa. A Tumbutu ma ya haɗu da wani farban.

Bambancin shi ne farba na gari ɗaya ne ko yanki ɗaya. Abun da Askia ya yi sabo shi ne tattara rabin daula sukutum a ƙarƙashin mutum ɗaya.

To me yasa yamma ce ta samu babban gwamna haka, ba gabas ko arewa ba?

Saboda can arzikin yake kuma can barazanar take. Jenne tana yamma, ta nan zinariya da goro ke shigowa daga kudu. Tumbutu tana yamma, nan ayarin raƙuma ke sauke gishirin Tagaza da tufafi da littattafai daga arewa. Fadamun da kogi ke malalewa duk shekara, inda shinkafa da gero da kifi da shanu suke, su ma yamma. Tumbutu ba ta iya ciyar da kanta, a jirage ake kawo mata abinci daga can sama ta tashar Kabara. Waɗannan garuruwan kuma ba su daɗe a hannun Songhai ba, Sunni Ali ne ya kama Tumbutu wajen 1468, Jenne kuma bayan 'yan shekaru, dan haka ba wai mutanensu sun saba da biyayya ga Gao bane.

Ga maƙwabta kuma. Ragowar daular Mali tana kudu maso yamma bata mutu ba tukunna, Mossi suna kudu kuma sun taɓa kai hari har Walata a 1480, ga Fulanin Masina, ga Buzaye ta arewa. In aka ce sai labari ya je Gao sannan runduna ta taso, kafin su iso an gama ɓarna an tafi. Dole sai da wani a kusa mai dawakai da ikon yanke shawara nan take.

Menene ainihin aikinsa?

Yaƙi ne kan gaba. Shi ke tsare iyakar yamma, shi ke jagorantar rundunar wannan ɓangaren, in Askia ya fita yaƙi da kansa kuma ya zo da mutanensa su haɗu. Misali biyu sun isa. A 1512 rundunar Songhai ƙarƙashin Umar Komadiago ta keta tafiya mai nisa ta ƙasa mai ƙarancin ruwa zuwa Jara, ta yaƙi shugaban Fulani Tengella ta kashe shi. Ɗansa Koli shi ya wuce Futa Toro inda ya kafa gidan sarautar Deniyanke a bakin kogin Senegal, kun ga yaƙin wani gwamna ya canja tarihin wata ƙasa can daban. Na biyu, wajen 1545 zuwa 1546 Dawud yana Kurmina-fari ya kai hari har babban birnin Mali, sarkin ya fice ya bar garin, Dawud ya zauna kwana bakwai a ciki, kuma an ruwaito ya sa sojojinsa suka mai da fadar sarkin wurin bahaya dan wulaƙanci.

Bayan yaƙi sai sa ido kan sarakunan da ke ƙarƙashin daular a wannan ɓangaren, ya tabbatar gaisuwa da haraji suna tafiya, hanyar kogi da ta ayari babu 'yan fashi, kuma in wani ya fara ɗaga kai ya danne shi kafin abun ya girma.

Su wa ake naɗawa? Gado ne daga uba zuwa ɗa?

A'a, ba gado bane, naɗi ne, Askia mai ci shi ke bayarwa shi ke karɓewa. Amma kusan duk waɗanda suka riƙe ta 'yan gidan sarauta ne, ƙanin Askia, ko ɗansa, ko ɗan ɗan'uwansa. Umar ɗan'uwan Askia Muhammad ne, Yahya da ya gaje shi shi ma ɗan'uwansa ne, Usman Yawbabo ɗansa ne, Muhammad Bonkana ɗan Umar ne, Dawud ɗan Askia Muhammad ne, daga baya kuma 'ya'yan Dawud suka yi ta karɓa ɗaya bayan ɗaya. Kuma yawanci in sabon Askia ya hau sai ya sauya mutum ya sa wanda ya yarda da shi. Askia Ishaq na ɗaya da ya hau a 1539 bai tsaya sauyawa kawai ba, kashe Kurmina-farin da ya tarar ya yi, Hammad, wanda ya sa a madadinsa ma daga baya gudu ya yi ya bar ƙasar.

Akwai wasu gwamnonin banda shi? Sunayen suna rikita ni

Suna rikita kowa malam. Hanya mai sauƙi ita ce ka raba su gida uku. Kashi na farko waɗanda Askia ke naɗawa ya tura, sunansu yakan ƙare da fari ko farma: Kurmina-fari a yamma, Dendi-fari a kudu maso gabas, Benga-farma a yankin tafkunan kudu da Tumbutu, da sauransu. Kashi na biyu sarakunan gargajiya na ƙasashen da aka ci da yaƙi aka bar su kan kujerunsu suna biyan gaisuwa, su ne yawanci masu koi a ƙarshe: Jenne-koi, Bara-koi, Dirma-koi, Hombori-koi. Kashi na uku jami'an kuɗi da sa ido da ake ajiyewa a gefen sarakunan, masu mondiyo, irin su Jenne-mondiyo da Tumbutu-mondiyo da na ma'adinin gishiri a Tagaza. Ba ƙa'ida ce da bata da togaciya ba, misali Hi-koi shugaban jiragen ruwan yaƙi ne ba sarkin wata ƙasa ba, amma za ta taimaka maka.

Sai Balama, wanda aka fi tambaya. Shi babban kwamandan soja ne da ke zaune a wajen Kabara, tashar jiragen Tumbutu, shi ma yawanci ɗan sarki ne, kuma a yamma shi ke bin Kurmina-fari a girma. A garin na Kabara kuma akwai Kabara-farma, bawan Askia ne mai karɓar kuɗin shiga da fita na jirage, kai tsaye Gao yake kai rahoto. Wato ɗan sarki mai sojoji da bawan sarki mai kuɗi a gari ɗaya, kowa na kallon kowa. Da gangan aka tsara haka, kuma a nan wutar 1588 ta tashi, duba amsarta a ƙasa.

Da gaske ne yana da wata alfarma ta musamman a fada?

E, haka littafin Tarikh al-Fattash ya kawo. A fadar Askia duk wanda ya zo gaisuwa sai ya cire hula ya yi afi, ya ɗebi ƙasa ya zuba a ka, irin al'adar da malaman jihadi suka yi ta suka a ƙasar Hausa daga baya. To Kurmina-fari shi kaɗai ne yake zuba ƙasar ba tare da ya cire hularsa ba. Jenne-koi shi kuma garin abinci yake zubawa maimakon ƙasa. Dirma-koi shi ke da izinin shiga harabar fada a kan doki. Dendi-fari shi aka yarda ya faɗa wa Askia gaskiya ƙiri-ƙiri ba kwana-kwana, Bara-koi kuma in ya ba da shawara dole a ɗauka ko ana so ko ba a so.

Wani zai ga kamar ƙananan abubuwa ne, hula da gari da doki. Amma lura da yanda aka rarraba su, ba a tara wa mutum ɗaya duka ba. Mai rundunar da ta fi girma an ba shi girma na ido, amma bakin faɗar gaskiya yana wajen wani, ikon taka wa sarki burki yana wajen wani. Kafin ka kafa hujja da wannan jerin a jarabawa dai ka karanta amsar ƙarshe kan littafin da ya kawo shi.

Ikonsa ya hau kan alƙalai da malaman Tumbutu?

A takarda Tumbutu tana cikin ɓangarensa, amma a zahiri alƙalin garin ba yaron kowa bane. Askia ne da kansa yake naɗa alƙali, kuma gidan Aƙit sun riƙe kujerar kusan ƙarni guda, daga Alƙali Mahmud ɗan Umar zuwa 'ya'yansa irin su al-Aƙib. An ruwaito Mahmud ya taɓa korar manzannin Askia Muhammad daga garin, da Askia ya zo yana tuhumarsa sai ya tuna masa cewa ai shi ya roƙe shi ya tsaya tsakaninsa da wuta, Askia ya sauko. Wanda ya yi wa Askia haka ba gwamnan Tindirma ne zai juya shi ba. Hasali ma 'ya'yan sarki ne ke gudowa wajen alƙali neman ceto in ta ɓaci, kamar yanda za a gani a labarin 1582.

Daga ina yake samun dukiyar riƙe sojoji?

Babu albashi irin na yanzu. Ganimar yaƙi ita ce babba, dawakai da shanu da bayi, sai gonaki da bayi ke nomawa, sai rabonsa daga abun da talakawa da sarakunan yankin ke kawowa. Maganar bayi ba abun ɓoyewa bane, tattalin arzikin manyan Songhai a kansu ya tsaya, da su ake noma kuma da su ake musayar dawakai daga arewa. Amma manyan hanyoyin kuɗi, kuɗin tashar Kabara da gishirin Tagaza da gandayen sarki da ke jere a bakin kogi, waɗannan jami'an Askia ne ke riƙe da su, ba sa bi ta hannun gwamna.

Shi ne yarima mai jiran gado kenan?

Nan ne mutane da yawa suke kuskure. Songhai ba ta da tsayayyar ƙa'idar gado, kuma cikin duk waɗanda suka riƙe Kurmina-fari kafin 1591 mutum biyu ne kacal suka zama Askia, Muhammad Bonkana a 1531 da Dawud a 1549. Sauran ko an kashe su, ko sun gudu, ko an ɗaure su, ko sun mutu a kan kujerar. Dalili kuwa shi ne nisan nan da aka faɗa a sama. Ranar da Askia ya mutu ko aka tuɓe shi, 'yan'uwan da ke cikin fada su ke yin mubaya'a a take, wanda ke kusa da tukunya shi ke fara ɗiba, kafin labari ya kai Tindirma an riga an buga tambari wa wani.

Ko su biyun da suka samu, duba yanda aka yi. Bonkana yana wurin ne lokacin da 'yan'uwan Askia Musa suka kashe shi, ya riga su hawa kujerar duk da shi ɗan baffansu ne ba ɗan Askia Muhammad ba. Dawud kuma aika masa aka yi tun Ishaq na kwance yana jinyar ajali a Kukiya, ya iso kan lokaci.

Wanda ya fi ban tausayi ɗan Dawud ne, shi ma sunansa Muhammad Bonkana. Shi ne babba, shi ne Kurmina-fari, kowa ya ɗauka shi zai gada. Da mahaifinsu ya rasu a 1582 yana hanya, kafin ya iso ƙaninsa al-Hajj ya riga ya hau. Sai ya ajiye sarautar ya nemi Alƙali al-Aƙib ya roƙa masa a bar shi ya zauna Tumbutu ya yi karatu. An yarda da farko, amma aka ce wa al-Hajj muddin yayansa na yawo a sake to kujerarsa bata zauna ba, aka kama shi aka tsare a Kanato. Wanda ya karɓi sarautar bayansa, al-Hadi, shi kuma ya taso da runduna zuwa Gao a 1584 zai ƙwaci mulki, mutanensa suka watse, shi ma aka kai shi Kanato ɗin.

Me ya faru lokacin da aka tuɓe Askia Muhammad? Kurmina-fari bai kare shi ba?

Ya yi ƙoƙari, ransa ma ya tafi a kai. Askia Muhammad ya tsufa ya makance, babban bafadensa Ali Fulan yana ɓoye makantar yana tafiyar da al'amura, 'ya'yan suka fusata, Musa ya jagorance su suka fice zuwa Kukiya. Tsohon ya aika Tindirma aka kira ɗan'uwansa Yahya ya zo ya shawo kansu. Yahya ya je musu da lallashi a matsayinsa na baffa, su kuma suka far masa da makami, ya mutu. Daga nan babu sauran mai tsayawa, Musa ya tuɓe mahaifinsa ranar babbar sallah, wasu na rubuta 1528 wasu 1529.

Musa bai huta ba dan sabon Kurmina-fari, ɗan'uwansa Usman Yawbabo, shi ma ya ƙi miƙa wuya, aka gwabza a kusa da Tumbutu, Usman ya sha kashi ya gudu. Cikin 'yan shekaru kaɗan kujerar da aka kafa dan ta kare gidan Askia ta zama wurin da ake tara rundunar yaƙar mai gidan.

Rigimar 1588 fa, wai da gaske kan zane ɗaya aka fara?

Haka aka ruwaito. An sace tufafin wata kuyangar Kabara-farma Alu, ya zargi wani yaron Balama Muhammad al-Sadiƙ, ya kama yaron ya hukunta shi ba tare da ya bi ta kan ubangidansa ba. Balama, ɗan Askia Dawud guda, bawa ya taɓa masa yaro, ya je da kansa ya soke Alu ya kashe. To kashe mai karɓar kuɗin Askia daidai yake da tawaye, ya san babu komawa baya, sai ya aika wa ɗan'uwansa Kurmina-fari Salih ya zo su haɗa kai su tafi Gao su tuɓe Askia Muhammad Bani, Salih ya hau. Salih ya taso da rundunarsa, amma zargi ya shiga tsakaninsu kafin su je ko'ina, suka yi faɗa, Balama ya kashe Salih. Rundunar yamma gaba ɗaya ta koma bayansa, mutanen Tumbutu suka yi ta murna suna kiransa Askia.

Muhammad Bani ya fito daga Gao da runduna zai tare shi sai ya mutu a sansani tun ba a haɗu ba, aka naɗa Ishaq na biyu a watan Afrilu 1588, shi ya ci Balama da yaƙi, aka bi shi aka kashe. Sannan aka shiga tsintar duk wanda ya goya masa baya, manyan sarakunan yamma da kwamandoji wasu aka kashe wasu aka ɗaure. Zanen dai dalili ne na kusa, asalin ciwon tsarin ne da kansa, an raba daula gida biyu kowanne da rundunarsa, kuma yamma ta daɗe tana jin ita ke kawo arziki Gao na ci.

Shekara uku bayan haka, a watan Maris 1591, Judar Pasha ya iso da sojojin Sarkin Maroko Ahmad al-Mansur wajen dubu huɗu masu bindiga aka haɗu a Tondibi. Ana yawan cewa bindiga ce ta ci Songhai, kuma gaskiya ne ta yi aiki, amma ni ina ganin duk wanda bai sa 1588 a lissafi ba ya bar rabin labarin. Rundunar da ta tsaya a Tondibi ta riga ta cinye manyan mayaƙanta na yamma da hannunta.

Akwai abun da ya haɗa waɗannan gwamnoni da ƙasar Hausa?

Akwai, amma ba ta hannun Kurmina-fari ba, shi yana can yamma. Wanda ke fuskantar mu Dendi-fari ne, gwamnan ƙasar Dendi, wato bakin kogi ta wajen Gaya a kudancin Nijar da arewacin Benin na yanzu, maƙwabcin Kabi kai tsaye. Bayan yaƙin Agadas wajen 1516, Kanta na Kabi da ya taimaka wa Askia a yaƙin ya nemi rabonsa na ganima, Dendi-fari ya hana, daga nan Kanta ya ɓalle, aka yi ta kai masa hari ba a ci nasara ba, Kabi ta tsaya da ƙafarta. Askia Muhammad Bonkana ma ya gwada daga baya ya sha kashi a hannun Kabawa. Kuma wani Dendi-farin ne, Mar Tumzu, ya tuɓe Bonkana ɗin a 1537, kun ga shi ma ba ƙaramin mutum bane duk da ba a cika ba 'ya'yan sarki wannan kujerar ba.

Maganar cewa Askia ya ci Kano da Katsina da Zazzau ya ajiye musu wakilai masu karɓar haraji, daga Leo Africanus ta fito, kuma masana da dama suna shakkarta dan kundin tarihin sarakunan Kano bai ambaci haka ba sam. Hari kan Katsina dai littattafan Tumbutu sun kawo shi. Abun da babu jayayya a kai shi ne malami ɗaya, al-Maghili, ya ba Muhammadu Rumfa na Kano shawara kan mulki kuma ya amsa tambayoyin Askia Muhammad.

Za a iya cewa daidai yake da Galadima ko hakimi a wajenmu?

Da hakimin ƙasar Hausa na da, ba sosai ba. Kafin zuwan Turawa yawancin hakimai a birni suke zaune kusa da sarki, jakadu suke turawa ƙauyukansu, Turawa ne suka tilasta musu komawa gundumominsu. Kurmina-fari kuwa a ƙasarsa yake zaune da rundunarsa. Wanda ya fi kama da shi Galadiman Borno ne da ke zaune a Nguru yana tsare wa Mai iyakar yamma, nesa da Birnin Gazargamu, da fadarsa da mayaƙansa. Inda suka rabu shi ne sarautar Galadiman ta zama ta gida ɗaya ana gadonta, ta Tindirma kuwa kullum a hannun masu neman kujerar Askia da kansu take.

Bayan Tondibi sarautar ta mutu kenan?

Sunan bai mutu nan take ba. Marokawa sun naɗa nasu Askia a Tumbutu, Sulaiman ɗan Dawud, yana ƙarƙashin Pasha, kuma aka ci gaba da raba tsofaffin sarautu a gefensa. Waɗanda suka ƙi miƙa wuya kuma suka koma Dendi ƙarƙashin Askia Nuhu suna yaƙin sunƙuru, su ma da nasu masu sarautar. Amma gwamna mai riƙe da rabin daula da runduna tasa, wannan ya ƙare a 1591, iko ya koma hannun Pasha da kwamandojinsa da aka zuba a Jenne da Gao da sauran garuruwan kogi.

Duk wannan bayanin daga ina aka samo, kuma za a iya yarda da shi?

Kusan duka daga littattafai biyu na Larabci da aka rubuta a yankin Tumbutu a ƙarni na 17. Tarikh al-Sudan na Abdurrahman al-Sa'di, wanda ya kammala wajen 1655, shi ya fi bin shekaru da jerin masu sarauta, kuma John Hunwick ya fassara babban ɓangarensa zuwa Turanci a 1999. Sai Tarikh al-Fattash da ake dangantawa da gidan Mahmud Ka'ti, shi ya fi kawo labaran cikin fada da al'adu. Su biyun malamai ne suka rubuta, dan haka suna son Askia Muhammad suna ƙin Sunni Ali, kuma da idon Tumbutu suke kallon komai, shi yasa muka san labarin yamma fiye da na Dendi.

Fattash yana da ƙarin matsala. Bincike ya nuna an yi masa ƙari a ƙarni na 19 a zamanin Shehu Ahmadu Lobbo na Masina, aka cusa maganganun da ke nuna an yi bushara da zuwansa a matsayin halifa. Dan haka in abu ya zo a littattafan biyu, kamar rigimar Balama ko tuɓe Askia Muhammad, ka riƙe shi da ƙarfi. In a Fattash kaɗai ya zo, musamman a farkon littafin, ka rubuta "an ruwaito" a gabansa.